Jar Tutar da Helma Ya Kafa

Uku ga wata

Zuwa ga ƙanena Usur,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fata wannan takarda za ta same ka lafiya, kai da mai ɗakinka da yara. Yaya ciwon bayan nan naka? In har yanzu a kujerar mota kake wuni saboda yawon neman ƙuri'a, to in likita ya tambaye ka kada ka ɓoye masa. Mu nan lafiya lau, sai gwiwata ta hagu da ke ba ni labarin ruwa tun hadari bai haɗu ba. Matan da ke zuwa karatu wurina sun kai goma sha tara, har na fitar da keken ɗinki zuwa rumfa don su sami wurin zama.

Ka yi haƙuri da na kira ka da sunan gida. Na ga takardunka da aka manna a bangon tasha: Mai Girma Ɗan Majalisa, Shugaban Kwamitin Sufuri, Tsohon Babban Manajan Jirgin Ƙasa. Layi uku kafin a zo kan sunanka! Ni dai wanda na sani shi ne ɗan nan da ya sace usur ɗin Baba ya busa, jirgin kaya ya tashi ya bar kwandasta a kan dandamali da kofin shayi a hannu.

To, ga abin da ya sa na ɗauki biro. Shekara tara dogon nan namu yana kwance ba jirgi, kai ka tsaya a majalisa har aka gyara shi. Allah ya saka maka. An ce ran ashirin da takwas za a buɗe, kai kanka za ka zo a jirgin farko, mako guda kafin zaɓe. Gari duk murna ake.

Amma mijina, Helma, ya kafa jar tuta. Ka san aikinsa na shugaban leburorin dogo: kullum da safe ya bi layi a ƙafa da gudumarsa yana ƙwanƙwasa katakan da ke ƙarƙashin ƙarfe. Ran Alhamis, a kan kwalbatin da ke kilomita arba'in da ɗaya, ya ce sautin ya canza. Yana zaton ruwa ya cinye ƙasa ta ciki. Injiniyan ɗan kwangila ya zo, ya tsaya daga sama ya leƙa, ya ce siminti sabo ne, ba tsaga ko ɗaya. Ya miƙa wa Helma takardar shaida ya sa hannu. Helma ya ce hannunsa ba zai faɗi abin da kunnensa bai ji ba. Injiniya ya ce in tutar ta ƙara kwana bakwai a wurin, aikin Helma ne zai tafi. Saura masa wata goma sha huɗu ya yi ritaya.

Ka fi ni sanin doka. Jar tuta in an kafa ta, ba mai cirewa sai wanda ya kafa, kuma jirgi ba ya wuce ta ko wa ke ciki.

Ba alfarma nake roƙo ba. So nake ka ji daga gida kafin ka ji daga waje. Ban kira ka ta wayar tasha ba, don duk wanda ya yi magana a can, kafin ya ajiye kan waya kasuwa ta ji. Da komai zai daidaita, ni ma ina marmarin shiga jirgin nan, rabona da shi tun rasuwar Baba.

Helma yana gaishe ka. Allah ya yi maka jagora.

Yayarka

*

Tara ga wata

Yaya,

Wa alaikumus salam. Muna lafiya, yara suna gaishe ki. Bayan da sauƙi, ki daina haɗa baki da likita. Ki riƙa gasa gwiwar da ruwan ɗumi.

A mota na karanta takardarki tsakanin taro biyu, ki yi haƙuri da rubutun, hanya ba kyau. Ashe marmarin jirgi kike yi ba ki taɓa faɗa ba! Ga katin gayyata biyu, tarago na farko, kusa da taga. Ga kuma yadi biyar na atamfar kamfe, ki ɗinka, ina so in gan ki a ciki.

Maganar Helma kuwa, na san tsofaffin ma'aikata, kowanne yana so a san da shi kafin ya tafi. Na sa sakatarena ya kira injiniya, ya ce komai lafiya, da na'ura suka auna. Ki ce masa ya cire tutar ya kwantar da hankalinsa. Ran buɗewa zan sa a kira shi gaban jama'a a ba shi lambar yabo.

Sai mun zo.

Ƙanenki

*

Goma sha biyu ga wata

Ƙanena,

Sallama da gaisuwa. Na ji daɗi da bayan ya yi sauƙi. Gwiwa tana nan yadda take, na gode da kulawa.

Saƙo ya iso. Ina jin layin ƙarshe na takardata ka karanta, sauran kuma ramukan hanya suka cinye. Ban ga laifinka ba sosai, na san yawan abin da ke kanka. Atamfa na karɓa, na gode, sai dai ka san ba zan iya tsayuwar salla da fuskarka har goma sha biyu a jikina ba. Na ƙirga.

Shekaranjiya aka kawo wa Helma takardar dakatarwa daga aiki. Ni na karanta masa, tun da idonsa ba ya ganin ƙananan rubutu. An ce ya ƙi bin umarnin na gaba, kuma in bai cire tutar ba kafin ashirin da biyar, dakatarwar za ta koma kora. Da na gama ya ce, "Malama, sake karanta wurin korar nan." Na sake. Ya ce, "To." Ya tashi ya shiga goge gudumarsa. Shekara talatin da ɗaya yana wannan aiki ba a taɓa ba shi ko takardar gargaɗi ba.

Na faɗa masa zancen lambar yabo. Ya yi dariya ya ce a gaya wa ɗan majalisa ya gode, amma ba a cika rami da lamba.

Tutar tana nan. Direban ɗan kwangila ya tuge ta jiya ya jefa a ciyawa, shugaban tasha da kansa ya ce wannan ba cirewa ba ce, ya sa aka mayar.

Ga katunanka na mayar maka. Ba za mu shiga wannan jirgi ba, kuma ba na so kai ma ka shiga.

Yayarka

*

Goma sha shida ga wata

Yaya,

Gaisuwa. Muna lafiya.

Yau da safe aka ajiye mini jarida a kan tebur. Shafin farko, ga Helma tsaye kusa da tutarsa, an rubuta a ƙasa wai har surukan ɗan majalisa ba su yarda da dogonsa ba. Abokin takarata ya ɗaga wannan hoto a taro uku. A ranar kuma aka miƙo mini ambulan ɗinki da katunana a ciki.

Ban taɓa zaton daga gidanki za a yi mini haka ba. Kin san abin da na bari. Ina zaune a ofishina na manaja, ba mai zagina, na ajiye kujerar don na gaji da rubuta wa majalisa takardu ana sa su a durowa. Na ce bari in shiga ciki in yi da kaina. Shekara huɗu ina bin ofis-ofis saboda wannan dogo, don garinmu, don tashar da Baba ya yi wa bauta har ya mutu. Yanzu saura kwana goma sha biyu, sai mijin yayata ya tsaya a tsakiyar hanya.

An gaya mini mutanen ɗaya ɓangaren suna zuwa wurinsa. Ban ce an saye shi ba. Amma ki tambaye shi su wa yake yi wa aiki. In ya cire tutar, ni zan tsaya a janye takardar dakatarwa. In bai cire ba, hannuna ba ya kaiwa.

Kin ce ba za ki shiga jirgina ba. Na ji.

Ƙanenki

*

Goma sha tara ga wata

Usur,

Assalamu alaikum. Ina fata kana lafiya, kai da iyali. Sau uku na karanta takardarka, na ajiye ta kwana guda kafin in amsa, don kada in rubuta abin da zan nemi gafara a kansa.

Da farko hoton. Ka sake dubawa. Bayan Helma ne a ciki, ba fuskarsa ba. Mai kyamara ya zo da wasu mutum biyu, suka ce ya faɗi magana a kanka. Ya ce shi da kwalbati yake magana, ya juya musu baya. Wannan bayan suka ɗauka.

Na biyu, akwai abin da ya wajaba in faɗa maka. Ni ma na zarge shi. Kwana biyu ina cewa a raina taurin kan tsufa ne, zai jawo mana kora a banza, ya kuma ɓata wa ƙanena. Sai na ga zargin mutum a kan abin da ban sani ba nauyi ne da ba zan iya ɗauka ba. Jiya da safe na ce ya kai ni. Ya ce, "Malama, kilomita uku ne fa, da wannan gwiwar?" Na ce, "Gwiwar tawa ce ko taka?" Ya ce, "Taki ce, amma ni zan sha mita."

Muka bi layi, ina hutawa a kan ƙarfe. Da muka kusa, ya ba ni gudumar ya ce in riƙa bugun katakan ɗaya bayan ɗaya, kada in kalli komai, in saurara kawai. Na farko, na biyu, har na goma, sautin a dunƙule yake, gudumar tana dawowa hannu. Da na hau kan kwalbatin na buga, sai na ji kamar na bugi duro wanda ba komai a ciki. Katako bakwai a jere haka. Na takwas ya koma daidai. Usur, ni ba injiniya ba ce, allo da tawada na sani. Amma na ji. Nan take na nemi gafararsa.

Na uku. Ka tuna littafin ƙa'idojin aiki mai koren bango, wanda ka ba shi da hannunka shekarar da ka zama babban manaja? Yana nan a kan kanta, kusa da littattafaina. Shafi na goma sha huɗu ya ce ba za a hukunta ma'aikacin da ya kafa jar tuta da kyakkyawar niyya ba, ko da an duba an tarar ba komai. A ƙarshen littafin sa hannunka ne. A rumfar nan ka zauna ka gaya mini saboda Baba ka ƙara wannan layin, don ranar da ya tsayar da jirgin manyan kamfani saboda juyin dogo, inda jirgi ke sauya layi, ya lalace, aka tabbatar da gaskiyarsa, amma duk da haka aka rage masa girma don ya kunyata su. Ka ce muddin kana raye ba za a sake yi wa wani haka ba.

Da na ce ba na so ka shiga jirgin, ba fushi ba ne. Kai kaɗai ka rage mini.

Ban ce ka yarda da Helma ba, ban ce ka yarda da ni ba. Kafin ka san kujera ka san guduma. Ka zo ka ji da kunnenka.

Yayarka

*

Ashirin da huɗu ga wata

Usur,

Sallama. Ina fata ka koma lafiya.

Helma ya ce jiya da hantsi mota ta tsaya a bakin hanya daidai kwalbati, ka fito da takalmin ofis ka ratsa ciyawa. Ya ce ka gaishe shi a taƙaice, ka karɓi guduma, ka buga tun daga nesa har ka haye, ka dawo ka sake. Sannan ka miƙa masa abarsa, ka shiga mota, ba ka ce uffan ba. Gida ma ba ka leƙo ba, alhali kilomita uku ne.

Na tambaye shi me ya gani a fuskarka. Ya ce, "Ya ji." Na ce, "Ya faɗa maka?" Ya ce, "Bai faɗa ba, amma a katako na uku ya cire hula."

Ni ban san abin da cire hula ke nufi a siyasa ba. Gobe wa'adin ke cika. Helma ya wanke kakinsa ya ninke, wai in kora ce ya mayar musu da tsabta. A tasha ana ta fenti ana kafa rumfuna. Ina yi maka addu'a, ko me ka yanke.

Yayarka

*

Ashirin da shida ga wata

Yayata,

Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Muna lafiya, bayan ne ya tashi saboda tafiyar nan, kuma na san za ki ce alhakinki ne. Yaya gwiwa bayan kilomita shida?

Ki gafarce ni, ke da Helma. Ban yi masa magana ba don da na buɗe baki kuka zan yi, ga mataimakin shugaban jam'iyya zaune a mota yana kallona. Ban zo gida ba don ban san da wace fuska zan shiga rumfarki ba. Shekara goma sha biyar rabona da riƙe guduma, na ɗauka kunnena ya mutu. Ashe yana nan, ni ne na daina kai shi wurin aiki.

Daga can ofishin babban manaja na wuce, wanda na bar wa kujerata. Na ɗauko koren littafi daga kantarsa, ƙura har ta rufe shi, na buɗe masa shafin. Ya ce, "Ranka ya daɗe, kai fa ka ce ashirin da takwas, ko ana ruwan wuta." Na ce, "Ni ne. Ni ne kuma na rubuta wannan, kuma lokacin na fi hankali." A gabana ya sa hannu aka janye takardar Helma. Na san ba za ta iso ku kafin wa'adi ba, shi ya sa na ce a buga wa shugaban tasha waya. Kin ga wannan karon kasuwa ta ji abin kirki. Za a turo injiniyoyin kamfani, ba na ɗan kwangila ba, su tone wurin.

Taron jam'iyya ne ya yi zafi. Shugaba ya buga tebur ya ce, "Za ka ɗage buɗewa ana dab da zaɓe, saboda lebura ɗaya da guduma?" Na ce, "Helma ne, ba lebura ba, kuma shi ya koya mini riƙe ta." Wani ya ce a bar jirgin ya wuce a hankali, sau ɗaya ne kawai. Na ce to, shi zai zauna a tarago na farko, ina da kati biyu da aka mayar mini, kusa da taga. Bai karɓa ba.

Jiya na faɗa a rediyo da bakina cewa an ɗage, na kuma ce laifin gaggawa nawa ne. Abokin takarata yana ta rawa. Wataƙila na faɗi zaɓen nan, Yaya. Amma jiya na yi barci irin wanda na manta da shi.

Ki ce wa Helma ya warware kakinsa.

Usur

*

Bayan wata biyu, goma ga wata

Ƙanena Usur,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Gaisuwa gare ka da mai ɗakinka da yara. Na ji an ce tun da aka gama zaɓe ka fara kwana a gado kamar sauran mutane. Mu lafiya lau. Mata biyu cikin ɗalibaina sun kai izu goma, na yi murna ƙwarai.

Barka da komawa majalisa. Na ji da ƙyar ne, kuma jam'iyya ta karɓe shugabancin kwamitin ta ba wani. Takardarka ta gaba layi biyu ke nan kafin sunanka, za a rage tawada. Kada ka damu. Matan karatu sun ce da ka zo a jirgi da kiɗa, da sun tafa maka su koma gida. Da suka ji ka a rediyo kana cewa laifinka ne, wata tsohuwa ta ce ita ba ta taɓa jin haka daga bakin mai neman ƙuri'a ba, ta sa jikokinta suka kai ta rumfar zaɓe a kan keke.

Rahoto ya zo maka, na sani, amma rahoto ba shi da ido. Da aka ɗaga katakan nan bakwai aka fara tono, sai shebur ɗin wani ya zurma ya ɓace. Ruwa ya bi ta bayan sabon simintin ya kwashe ƙasa, ya bar rami wanda mutum uku suka tsaya a ciki ba a ganin kansu. Tsakuwar sama ce kawai ke riƙe da kanta. Injiniyan ɗan kwangila ya leƙa, ya daɗe bai ɗago ba. Sannan ya zo ya ba Helma hannu biyu, ya ce yana so a koya masa guduma. Helma ya ce ya zo ƙarfe shida, kuma ba da wannan takalmin ba. Ya zo kuwa.

Mako shida aka yi ana gyara. Ran Asabar Helma ya bi katakan ɗaya bayan ɗaya, kowa ya yi tsit, har da babban manaja. Ya je ya dawo sau biyu. Sannan ya sa hannu a takarda, ya tuge tutarsa da kansa ya naɗe. Jirgin kaya ne ya fara wucewa, ba rumfa, ba jawabi. Ina tsaye a kan dandamali daidai inda Baba yake tsayawa, na ji ƙasa tana motsi a ƙarƙashin ƙafata. Na yi kuka, ba zan ɓoye maka ba.

Atamfarka ta sami aiki. Na juya fuskokin ciki na ɗinka wa keken ɗinki riga, yanzu ƙura ba ta taɓa shi.

Ran Alhamis zan taho a jirgin safe. Na sayi tikiti da kaina a taga, na bi layi kamar kowa. Zan zo maka da usur ɗin Baba, shekara da shekaru yana cikin akwatina, ina jin yanzu za a iya ba ka ba tare da ka tayar da jirgi ba bisa ƙa'ida ba. Ka zo tasha da kanka, kada ka turo sakatare.

Helma ba zai zo ba. Na wanke masa tutar na ɗinke inda ta yage, na ce a ajiye ta a akwati don tarihi. Ya ce saura masa shekara guda cur, kuma akwai wata gada a kilomita arba'in da huɗu da bai gama sauraro ba. Da ita ya fita yau da safe.

Yayarka